Hukuncin sa wa ganguna fata da sayar da su: amsa ga wani baduku a Marwa

Tambaya

Assalamu alaikum. Allah gafarta Malam, ni baduku ne a Marwa, a arewacin Kamaru, sana'ar da na gada wurin mahaifina. Da can jakunkuna da takalma da matasan fata muke ɗinkawa, baƙi masu zuwa kallon namun daji a Waza da duwatsun Rumsiki su saya. Tun da tsaro ya taɓarɓare suka ɗauke ƙafa, kasuwa ta kwanta. Yanzu wani ɗan kasuwa a Yawunde ya ba ni aiki: masassaƙi ya fafe icce, ni in sa fata in ja igiya. Akwai bandiri da kalangu da jembe. Ya kuma turo mini hotunan gangunan Indiya da Japan da Kuba ta WhatsApp, ya ce in gwada irinsu, yana sayar wa makarantu da masu wasan gargajiya da masu ƙawata ɗaki. Wani abokina ya ce kuɗin duka haram ne, wani ya ce al'ada ce, ba ruwan addini. Ina da iyali, Malam. Mene ne hukunci?

Amsa

Wa alaikumus salam wa rahmatullah. Godiya ta tabbata ga Allah, tsira da aminci su tabbata ga Manzonsa. Allah ya buɗa maka kasuwa, ɗan'uwa, ya saka maka da ka tsaya tambaya kafin ka karɓi kuɗin.

Abokanka biyu duk sun yi gaggawa. Na farko ya haramta har da abin da aka kaɗa a ɗakin Manzon Allah (SAW) bai hana ba. Na biyu ya manta cewa ba a ɗaga ƙafar bawa ranar ƙiyama sai an tambaye shi dukiyarsa, ina ya samo ta, ina ya kashe ta. Ƙasar da ganga ta fito kuwa ba ta sauya hukunci. Ba a haramta ta don daga Japan take, ba a halatta ta don kakanninmu sun kaɗa ta. Abin da malamai suka duba shi ne irin gangar, da inda ake kaɗa ta, da abin da ake nufi da kiɗan.

Bandiri shi ya fi sauƙi, domin shi ne duffu da ya zo a hadisai. Buhari da Muslim sun ruwaito daga Nana A'isha cewa Sayyidina Abubakar ya shiga wurinta a ranakun idi ya tarar da 'yan mata biyu suna waƙa, a wata ruwaya suna kaɗa duffu, ya tsawata musu, sai Annabi (SAW) ya ce ya ƙyale su, kowace al'umma tana da idinta. A Buhari kuma, Rubayyi'u 'yar Mu'awwiz ta ce da aka kai ta ɗakin miji Annabi ya shigo, yara mata suna kaɗa duffu suna ambaton iyayensu da suka yi shahada a Badar. Ɗayarsu ta ce a cikinsu akwai Annabin da ya san abin da zai faru gobe, sai ya ce ta bar wannan ta koma kan abin da take faɗa da farko. Ka lura da kyau: maganar ya gyara, hannun da ke kaɗawa bai tsayar da shi ba. Tirmizi da Nasa'i sun ruwaito daga Muhammadu ɗan Haɗibu cewa abin da ya raba halal da haram a aure shi ne duffu da ɗaga murya, wato a yi shela kowa ya san an ɗaura. Wannan ganga mai fuska ɗaya a kan da'irar icce kusan babu ƙasar Musulmi da ba ta da irinta: bandir a Maroko da Aljeriya, daf wurin Kurdawa da mutanen Iran, rabana a Indunusiya da Maleshiya. Har mutanen Ayilan a Turai suna da tasu mai fatar akuya. Yin ta da sayar da ita halal ne.

Sauran ganguna akwai saɓani a kansu tun fil azal, kuma ba zan ɓoye maka ɓangaren da ya tsananta ba. Ibn Abi Zaidin Alƙairawani a Risala, wadda muka tashi muna karantawa a zauruka, ya hana halartar taron da ake kayan wasa masu shagaltarwa, ya togace duffu a aure, sannan ya ce an yi saɓani a kan kabar, wato babbar ganga. Shehu Halilu a Muhtasar, babin walima, ya ce babu karhanci a duffu ko da namiji ne ya kaɗa, ya kawo zance uku a kan kabar da mizhar, wato ganga mai kusurwa huɗu da fata a fuska biyu. Masu sharhi sun fayyace: Ibn Habib ya halatta su duka biyu, Asbagu ya hana su, Ibnul Ƙasim ya halatta babbar ganga kaɗai. Wannan duk a bikin aure ne. A wajensa, kamar suna ko kaciya, Dasuƙi ya ce mashhurin mazhabarmu ta Malikiyya shi ne hani, amma akwai zance na biyu da ya halatta a kowane farin ciki na Musulmi. Ni wannan na biyun nake rinjayarwa, saboda hadisin idi ba aure ake yi ba, haka ma hadisin matar da ta yi bakance za ta kaɗa duffu idan Allah ya dawo da Annabi lafiya daga yaƙi, ya ce mata in ta yi bakance ta cika. Da saɓo ne da bai bar ta ta cika ba, domin babu cika bakance a saɓon Allah. Masu hani kuma suna da hujja mai nauyi, hadisin da Buhari ya kawo na mutanen da za su halatta zina da alharini da giya da kayan kiɗa. Ibn Hazmi ya soki isnadinsa, wato jerin masu ruwayarsa, Ibnus Salahi da Ibn Hajar suka mayar masa da martani, kuma magana ta gaskiya hadisin ya inganta. Abin da ya rage shi ne ko ya haɗa da gangar da ba ta tare da giya da alfasha, a nan malamai suka rabu.

Kalangu sai na daɗe a kansa, don shi ya fi ba ni tunani a cikin kayanka. Abu Dawuda da Ahmad sun ruwaito daga Ibn Abbas cewa an haramta giya da caca da wani abu da ake kira kuba. Ɗaya daga cikin masu ruwayar ya fassara kuba da ganga, wasu masana lugga suka ce wasan dara ne na ƙwayoyi a harshen mutanen Yaman. Malaman Shafi'iyya, Gazali a Ihya da Nawawi a Minhaj, suka siffanta ta: ganga ce doguwa, mai tsukakken tsakiya, mai faɗi a bakuna biyu. Kai da kake riƙe shi kullum ka san wannan siffar kalangu ce sak, wanda ake rataya a kafaɗa, a matse tsirkiyarsa a hammata ya sauya murya har ya kira sunan mutum da na ubansa. To amma Gazali ya faɗi dalilin hanin. Ya ce ita ce gangar 'yan daudu a zamaninsa, kuma ba don wannan kamanceceniya ba da hukuncinta ɗaya ne da gangar mahajjata da ta mayaƙa, waɗanda ya halatta. A ƙasarmu kalangu asalinsa na mahauta ne, ana kaɗa shi a sanar da gari an yi yanka, ana kaɗa shi a dambe da bikin aure. Dalilin da Gazali ya ambata bai kama shi a nan ba, sai dai a wuraren da shi ma ya zama kayan dandalin banza, kuma ni da kai mun san akwai su. Don haka ba na ce maka haram ne yanke. Ina dai ce maka shi ne mafi shubuha a cikin abin da ka lissafa, kuma idan aikin bandiri da sauran ya ishe ka ciyar da gida, barin kalangu ya fi maka tsantseni.

Mu a nan Fombina, wato ƙasar Adamawa, muna da abin dubawa na kusa. Shehu Usmanu ɗan Fodiyo, wanda Modibbo Adama ya karɓo tuta daga hannunsa, ya lissafa a Kitabul Farƙi cewa daga cikin halayen azzaluman sarakuna akwai shagaltuwa da kaɗe-kaɗe dare da rana ba tare da wata manufa ta shari'a ba. A wuri guda kuma ya ce Musulmi suna kaɗa ganga don buƙata, kamar tara runduna ko sanar da tashinta da saukarta. Ka ga bai fasa gangar ba, aikinta ya tambaya. A kan wannan ne tambarin fadar Lamiɗo yake, a Marwa ko Garwa ko Ngaundare, idan an ga wata ko za a fita hawan salla. Irin wannan ne mai tashin mutane sahur da ganga a Masar da Turkiyya, da babbar gangar da ake ratayewa a masallatan Jawa a Indunusiya a buga ta kafin kiran salla. Ita wannan ta ƙarshe malamansu ma sun yi saɓani, domin Sahabbai sun tattauna ƙaho da ƙararrawa aka bar su aka ɗauki kiran salla, don haka ba ta maye gurbin ladan.

Hotunan da aka turo maka, sai ka san abin da kake kwaikwayo. Jembe ta mutanen Mande ce a Mali da Gini, icce ɗaya ake fafewa a sa fatar akuya, ana kaɗa ta a noma da suna da aure, hukuncinta na babbar ganga ne da ya gabata. Tabla ta Indiya, 'yan tagwayen nan masu baƙin tabo a tsakiyar fata, ta raka waƙa ce, ita ma haka. Taiko ta Japan ta daɗe ana buga ta a ɗakunan bautarsu, amma tun 1951 aka fara haɗa ta rukuni-rukuni don wasa a dandali, kuma yau mafi yawan masu sayenta a waje don wannan suke saye. A cikin na Indiya akwai wata ƙarama mai tsukakken tsakiya da 'yan ƙwallaye a igiya, damaru, wadda alama ce ta abin bautarsu Shiba, a hannun gunkinsa ake zana ta. Wannan kada ka yi ta. Daga Kuba kuma akwai bata, wadda bayin da aka kwasa daga ƙasar Yarabawa suka tafi da ita. Asalinta ta bautar Shango ce, kuma har yau akwai wadda ake yi wa yanka a keɓe ta don kiran abin bauta, akwai wadda ba a yi wa komai ba ta wasa kawai. Wanda ya ce ka yi masa don a keɓe ta, haram ne ka sa hannu, kuɗin ma haram ne. Kada mu nuna yatsa nesa mu manta gida: ƙwarya ko gangar da ka san kiɗan bori za a yi da ita, hukuncinta ke nan, ko da mai sayen maƙwabcinka ne kuna sahu ɗaya a masallaci.

Ƙa'idar cinikin a mazhabarmu sananniya ce. Ba a sayar da abu ga wanda aka san haram zai yi da shi, kamar inabi ga mai matsa giya, ko tagulla ga mai ƙera ƙararrawar coci. Asalinta faɗin Allah a Suratul Ma'ida, aya ta 2, cewa kada a taimaki juna a kan zunubi da ƙetare iyaka. Ba a ɗora maka bin kowace ganga har gidan da za ta kwana ba. Amma ka tambayi mutumin Yawunde sau ɗaya, tambaya ta gaskiya, ina kayan suke zuwa. In ya ce mashaya da gidajen rawar dare ne manyan masu saye, ko zatonka ya rinjaya a kan haka, ka janye. In makarantu ne da masu bikin aure da masu jingine ta a kusurwar ɗaki don ado, cinikin ya halatta a zancen da na rinjayar, kuma Abu Hanifa ma ya inganta cinikin kayan kiɗa saboda ana iya amfani da su ta wata hanya, ko da yake manyan almajiransa biyu sun saɓa masa. Ka sani kuma Halilu ya karhanta bayar da hayar duffu ko don biki ne, wato malamanmu ba su so wannan ya zama babbar hanyar abincin mutum ba. Kada ka yar da ɗinkin jaka da takalma, ka riƙe wannan a matsayin abin toshe ɓaraka har Allah ya dawo da kasuwa.

Akwai abu biyu da ba ka tambaya ba, kuma sun fi shafar hannunka kai tsaye. Na farko fata. Fatar ganga yawanci ɗanya ce, jiƙa ta ake yi a kankare gashin da reza, a ɗaura ta da danshinta, ta bushe a jikin iccen ta ɗaure tamau, ba ta shiga ramin majema ba. Idan ta mushe ce najasa ce, ba a sayar da ita, kuma tana ɓata maka tufafin salla lokacin da take jiƙe. Ko da an jeme ta, Risala ta ce ana amfani da ita amma ba a salla a kanta, ba a kuma sayar da ita. Ka sayi fatarka wurin mahautan da ka san suna yanka, kada araha ta ja ka ga fatar akuyar da ta mutu a hanya.

Na biyu sassaƙa. Masu son jembe don ado sukan nemi a fito da siffar mutum ko dabba a gindinta. Siffar mai rai cikakkiya, wadda ta fito har tana da inuwa, haram ce a wurin malamanmu, kuma kai ne za ka kammala kayan ka miƙa. Ka gaya wa masassaƙinka ya tsaya kan zanen dagi da ganye da layuka irin waɗanda kuke yi a jikin matasan fata. In ɗan kasuwar ya nace sai da gunki, ka mayar masa da wannan kashin na aikin ka karɓi sauran.

Allah shi ne mafi sani.